Auren da Aka Ɗaura a Gaban Kyamara

"Ke Mahfuza! Wallahi in ƙosan nan ya ƙone sai na faɗa wa Halliru ya sake shawara tun da sauran lokaci."

A'i ce take magana daga ƙofar kicin, ludayin kunu a hannunta. Mahfuza ta yi firgigit ta ajiye wayar da take latsawa, ta hau juya ƙosan da har ya fara baƙi a gefe.

"Haba Anti A'i, saƙo ɗaya fa na duba."

"Saƙo ɗaya tun la'asar? Amarya ke nan, gangar jiki a Hor Al Anz, hankali a Naif!"

Juma'a ce, azumi ya kai ashirin da biyu a shekarar 2012, zafin Dubai kuwa sai wanda ya gani. Ɗan fulat ɗin mai ɗaki biyu da ke unguwar Hor Al Anz na Salmanu ne, yayan Mahfuza kuma mijin A'i. Tun rasuwar mahaifinsu shi ne madadin uba a wajenta, shi ya yi mata biza, shi ya samo mata aiki a shagon yadin wani ɗan Bangaladash a Bur Dubai. Halliru kuwa ɗan Kano ne mai riƙe da ofishin kagon mahaifinsa, wato na aika kaya, a unguwar Naif. An sa ranar aurensa da Mahfuza sati biyu bayan Sallah. Duk wannan girki da ake ta rawar jiki a kai na mahaifin Halliru ne, Alhaji Ɗalhatu, wanda ya sauka daga Kano shekaranjiya, aka kuma gayyace shi shan ruwa.

Da sauran 'yan mintuna a kira magariba aka buga ƙofa, bugun da ba na baƙon shan ruwa ba. Salmanu ya buɗe. Alhaji ya shigo da sabon aski, fuskar nan a murtuke, Halliru a bayansa kai a ƙasa. Matan suka yafa mayafi suka fito suka durƙusa.

"Baba, barka da yamma, an sha hanya..."

Ko kallonsu bai yi ba. Dardumar da aka shimfiɗa dominsa ma tsallake ta ya yi ya tsaya tsakiyar falo.

"Salmanu, ashe ka aurar da ƙanwarka ba ka gayyace mu ba?"

"Na'am? Wane irin aure kuma, Alhaji?"

"Shi nake tambayar ka! Ɗazu na shiga shagon aski a Naif, na 'yan Bangaladash ɗin nan. Reza na kaina, sai na ga yaran sun daina aiki sun zuba wa talabijin ido suna ihu. Na ɗaga kai, wa zan gani? Wannan yarinyar, an naɗe ta da jan yadi, an lafta mata gwala-gwalai, ga ango a gefenta. Ga ka nan kai ma da hularka kana miƙa hannu! Mai askin ya ce mini, 'Haji, wannan matar Jubayer ce, 'yar Afirka, a nan Dubai take.' Ni Ɗalhatu, a bakin wanzami zan ji labarin surukata?"

Abin da Mahfuza ta binne wata uku ke nan ya tono kansa.

Ga yadda aka yi. Da yake Allah ya yi ta doguwa, mai shagonsu yakan sa ta ɗaura sari, tufar matansu, a ɗauke ta hoto a liƙa a gilashi. Wasu masu shirin talabijin daga Dhaka, babban birnin Bangaladash, suka zo ɗaukar wasan da za a nuna da Sallah, labarin wani lebura da ya auri 'yar Afirka a Dubai. Darakta ya ga hotonta, ya ce ita yake so. Jarumin wasan shi ne Jubayer, wanda 'yammatan ƙasarsu suke suma in ya ɗaga musu hannu. Salmanu ya ce ƙanwarsa ba za ta je ko'ina ba sai da shi, ya kuwa bi ta har wajen shutin, inda ake ɗaukar fim ɗin, yana gadin ta. Da aka zo fitowar ɗaurin aure, darakta ya dube shi ya ce, ai ga yayan amarya na gaske, me za a yi da na haya?

"Alhaji, wasa ne," in ji Salmanu yana murmushin yaƙe. "Fim ne kawai, wallahi."

"To zauna in tambaye ka. Wa ya ba da auren?"

"Ni ne, amma..."

"Wane ne waliyyinta a duniyar nan?"

"Ni ne."

"Mai gemun da ya yi huɗuba, ɗan wasa ne?"

Salmanu ya ce, "A'a. Limamin wani masallacin leburori ne aka ɗauko, wai shi ya iya karatun."

"Madalla. Sunan wa aka kira?"

"Nata. Su ma suna sa Mahfuza a ƙasarsu, sai suka ce a bar shi haka. Shi ma da sunansa ya fito."

"Shaidu?"

"Ɗakin a cike yake."

Alhaji ya juya wajen Mahfuza, karo na farko tun shigowarsa. "Ke kuma na ga an tambaye ki kin amsa."

"Al'adarsu ce, Baba," ta ce. "Sai amarya ta ce kabul, wato na amince, sau uku."

"Sadaki fa?"

"Wani ɗan zobe ne... da aka gama suka ce in riƙe."

"Innalillahi wa inna ilaihi raji'un!" Alhaji ya tafa hannu. "Waliyyi, liman, shaidu, sadaki, amsa sau uku. To me ya rage, goro da alawa? Ba ku taɓa jin an ce abu uku gaskensu gaske ne, wasansu ma gaske ne ba: aure, da saki, da kome? Ni ba zan ɗaura wa ɗana aure a kan auren wani ba. Laraba da yamma jirgina zai tashi. Mutumin nan ya zo gabana da ƙafarsa, ya sawwaƙe mata da bakinsa gaban shaidu. In ba haka ba, ina sauka Kano zan aika a karɓo mana kayan sa rana. Halliru, wuce mu tafi."

Ya fice. Ladan ya kira salla, dabino da kunu na nan jere a kan leda, babu wanda ya iya miƙa hannu.

Mahfuza ta bi su da gudu ta cim ma Halliru a matakala, Alhaji ya riga ya sauka.

"Don Allah ka tsaya ka ji."

"Me zan ji?" Idanunsa sun kaɗa sun yi ja. "Kin ce mini tallan sari za ki yi. Ni na kai ki bakin ruwa kika hau kwale-kwale ran nan, har ina ce miki Allah ya ba da sa'a. Ashe ɗaurin aurenki na raka ki!"

"Tsoro na ji kada ka hana ni."

"Da na hana ki kuwa! Ai shi ya sa ake faɗa wa mutum."

Ta fashe da kuka. Ya tsaya yana kallon ta, ransa a ɓace, amma ƙafarsa ta ƙi tafiya. Son da yake mata ba na jiya ba ne, shekara biyu ke nan.

"Ki saurare ni, Mahfuza. Ba zan saɓa wa Abba ba, ko da zuciyata za ta fashe. Kuma ba zan ce na fasa ba. Ina mutumin yake?"

"An ce sun dawo Dubai, za su yi wa mutanensu wasan Sallah. Suna wani otal a Bur Dubai."

"Gobe da safe ku shirya ke da Yaya Salmanu. Ki share hawayen nan ki je ki sha ruwa."

Da safe su uku suka hau abra, ɗan kwale-kwalen da ke tsallakar da mutane zuwa Bur Dubai. A falon otal aka zaunar da su sama da awa biyu kafin wani gajeren mutum mai tumbi ya fito yana taunar tsinke. Mista Kamrul ke nan, furodusa, wanda Jubayer ba ya ko tari sai da izininsa.

"Mahfuza! Amaryarmu!" ya ce da Turanci, yana washe baki. Ya zaro wata mujalla daga hammata ya baje a tebur. Hotonta ne da Jubayer ya cika bango. "Kin san me aka rubuta a nan? Jubayer ya yi auren sirri a Dubai. Dhaka ta ɗauka! Ko wasan ba a nuna ba, ɗan gutsuren bikin kawai ake haskawa a talabijin, kamfanoni na layin talla."

"Ƙarya ce ai," in ji Halliru.

"Habibi, wa ya ce gaskiya ce? Ni dai ban ce ba, ban kuma musa ba. Haka sana'ar take. In jarumi da jaruma suka dace, sai a bar mutane su yi ta mafarki."

Salmanu ya kwashe bayani kaf ya yi masa, har da maganar Laraba. Mista Kamrul ya yi dariya har da riƙe ciki.

"Saki? Kuna so Jubayer ya saki amaryarsa kwana takwas kafin a nuna bikin? Wa zai kalla? Ku bari sai bayan Sallah da wata guda, ni da kaina zan shirya rabuwar, har da hoton kuka. Yanzu kam shi ke nan, babu wannan magana."

Ana cikin haka Jubayer ya sauko, dogo, da baƙin gilashi, duk ya rame. Mahfuza ta miƙe ta tare shi.

"Jubayer, minti biyar kawai nake roƙo. Kalma ɗaya za ka faɗa gaban wani dattijo. Aurena ne zai mutu."

Ya cire gilashin, ya dube ta, ya dubi Mista Kamrul, sannan ya sunkuyar da kai.

"Ki yi haƙuri, 'yar'uwa. Na sa hannu a takarda. Bakina ba nawa ba ne sai bayan Sallah."

"Yalla, yalla, mota na jira," in ji furodusan, ya tasa shi gaba kamar ɗan akuya.

Halliru ya dunƙule hannu, Salmanu ya riƙe shi. Ba ƙasar da baƙo zai ɗaga hannu ba ce, yanzun nan a soke bizarsa.

Ranar Lahadi gidan kamar an yi rasuwa. Salmanu, da yake ɗan kasuwar Naif ne, dabarar kasuwa ce ta fara zuwar masa.

"Me zai hana mu samu wani ɗan Bangaladash mai kama da shi, mu sa masa gilashi mu kai wa Alhaji? Shi duk ɗaya yake ganin su."

"Yaya!" Mahfuza ta ɗago da kumburarrun idanu. "Wasan kwaikwayo ne ya kai mu nan, kuma wani za mu ƙara?"

Kunya ta kama shi. Da ya fita, A'i ta matso kusa da ita.

"Ni fa akwai abin da ban gane ba. Mutumin nan da kike cewa yana da kirki, me ya rame da shi haka? Kin san wani abu, ina gani a idonki."

Mahfuza ta yi ta kaucewa, amma wa ya isa ya ɓoye wa A'i magana? Daga ƙarshe ta faɗa mata. Jubayer yana da mata a Dhaka, sunanta Shirin, ita ma mai tallan kaya ce a talabijin. Shekara uku da aurensu babu wanda ya sani sai iyaye, domin Mista Kamrul ya ce ranar da 'yammata suka ji yana da aure, ranar kasuwarsa ta faɗi. A wajen shutin ya ari wayar Mahfuza ya kira ta, saboda furodusan yana bincika tasa. Ya roƙe ta ta rufa masa asiri, ta kuwa rantse masa da Allah.

A'i ta miƙe tsaye ta riƙe ƙugu.

"Ke! Kina riƙe da wuƙa da nama kike zaune kina kuka? Ba kin ce wani ɗan jaridarsu yana ta sintiri a shagonku ba? Kira Jubayer yanzun nan! Ki ce ko ya zo gaban Alhaji, ko gobe duniya ta ji labarin Shirin."

"Na yi rantsuwa, Anti."

"Ki yi kaffara mana! Azumi uku ne, ni ma sai in taya ki. Shi ya tuna da ke jiya? Wanda bai ji kunyar hawa jaki ba, ai jaki ba zai ji kunyar kayar da shi ba."

"Ita Shirin ɗin me ta yi mini? Ciki gare ta. In na tona, ita za su bi da kyamara har ɗakin haihuwa."

"To zauna! Ranar Laraba sai ki auri amanar taki."

A'i ta shige kicin tana ta buga tukwane. Ba mugunta ce ta sa ta ba, son yarinyar ne ya yi mata yawa. Mahfuza ta ɗauko wayar ta nemo lambar Jubayer, ta kalle ta, ta ajiye, ta sake ɗauka. Wallahi ta so ta danna. Duk lokacin da ta tuna fuskar Halliru a matakala sai ta ji rantsuwar ba komai ba ce. Haka ta wuni tana ɗauka tana ajiyewa, har aka sha ruwa ba ta kira ba.

Ranar Litinin da hantsi tana shago, ta shige ɗakin ajiye yadi ta rufo ƙofa. Lambar da ta danna ba ta Jubayer ba ce, wadda ya kira ce ran nan da wayarta. Tunanin da ya hana ta sukuni shi ne, in mujallar nan ta yi mata wannan ɓarna a Dubai, me ta yi wa mai ciki a Dhaka?

"Halo? Wa ke magana?" Muryar mace ce, a dashe.

"Sunana Mahfuza. Daga Dubai."

Sai matar ta ce da Turanci, a hankali, "Har kin samu ƙarfin halin kira na? Babana ya zo ya ɗauke ni daga gidan mijina saboda ke. Kwana huɗu abinci ya ƙi shiga cikina."

"Shi ya sa na kira. Ina azumi, Shirin, kuma na rantse da wanda nake yi wa azumin, babu komai tsakanina da mijinki. Ko hannuna bai taɓa riƙewa ba sai darakta ya ce a riƙe. A wayar nan ya kira ki, ina jin sa yana tambayar ki ko kin sha magani."

"Shi ya sa ki kira ni?"

"Bai ma sani ba."

"To me kike so?"

"Ki ci abinci. Shi ke nan."

Nan muryar Mahfuza ta karye. Shirin ta ce, "Ke kuma kukan me kike yi?" Da ma Mahfuza cike take, sai ta amayar da komai: wanzami, Alhaji, sharaɗin Laraba, dariyar Mista Kamrul.

"Kin san da zamana tun wata uku," in ji Shirin, "kuma 'yan jarida na zuwa shagonku?"

"Kullum."

"Ba ki faɗa ba?"

"Amana ya ba ni."

Sai ta ji ƙit, an kashe wayar. Ko sallama babu.

Talata ta zo ta wuce, shiru kake ji. Halliru ya turo saƙo ɗaya tak: ki yi ta addu'a. A'i ta daina faɗa ta koma share hawaye a ɓoye.

Ranar Laraba bayan azahar suka hallara a ofishin kagon da ke wani lungu a Naif, ɗaki ɗaya cike da ƙullin kaya har rufi. Alhaji yana zaune kan kujera, jakarsa a ɗaure a gefe, fasfo a aljihun gaba. Halliru ya ɗauko Malam Zailani, dattijon da ke jan 'yan kasuwar Kano salla, ko Allah zai sa a dace. Mahfuza da A'i suka rakuɓe a bakin ƙofa.

Malam ya saurari komai, ya yi gyaran murya.

"Alhaji, ni abin da na karanta, mai ba da labari ba mai ƙulla aure ba ne. Duk wanda ke ɗakin nan ya san hikaya ake yi. Da yawan malamai ba sa ganin wannan aure ne. Sai dai ban ji daɗin sa waliyyi na gaske da sunaye na gaske ba, wannan ganganci ne."

"Malam, ka ce da yawa, ba ka ce duka ba."

"Haka ne."

"To a kan ragowar nake tsoro. Jikokina za a haifa a auren nan. In na yi kuskure wajen tsanani, Allah ya yafe mini, amma zuciyata ba ta natsu ba." Ya duba agogo. "Halliru, ƙarfe uku mota za ta zo."

"Abba, don girman Allah, ko sati ɗaya..."

"Na faɗa tun ranar Juma'a, ban kuma sake ba."

Salmanu ya zube gwiwa biyu. "Alhaji, laifina ne. Ni na je gadi na ɓuge da ba da aure. A hukunta ni, a bar yarinyar nan."

"Tashi, Salmanu. Ba fushi nake ba yanzu, tsoro nake."

Uku saura kwata. Uku saura minti goma. Mahfuza ta kafa wa lungun ido. A'i ta raɗa mata, "Har yanzu da lokaci, ki kira shi ki tsorata shi." Ta girgiza kai, hawaye na ɗiga kan mayafinta.

Sai hayaniya ta ɓarke a lungun. Masu turin kaya 'yan Bangaladash sun watsar da kurayensu suna gudu suna kiran suna ɗaya, kowa ya ɗaga waya sama. Jubayer ne ya kutso tsakiyarsu, ba gilashi, ba Mista Kamrul, rigarsa sharkaf da gumi. Ya tsaya a ƙofa yana haki.

"Assalamu alaikum. Ina dattijon?"

Halliru ya zama tafinta. Ya ce a rufe ƙofa saboda masu ɗauka, Jubayer ya ce a bar ta a buɗe.

"Baba," ya ce wa Alhaji, "matata ta ce in ban zo gabanka yau ba, kada in sake zuwa gabanta. E, ina da mata, sunanta Shirin, shekararmu uku." Ya juya ya maimaita da harshensu da ƙarfi, lungun ya kaure da salati. "Na ɓoye ta don kada kasuwata ta faɗi. Wannan yarinyar ta sani tun wata uku. Da ta buɗe baki sau ɗaya, da tun ranar Asabar na zo nan da rarrafe. Ba ta yi ba. Sai ma ta kira matata ta ce mata ta ci abinci."

Alhaji ya waiwaya ya dubi Mahfuza.

Malam Zailani ya ce, "To bismilla. Faɗi, don a fita daga shakka."

Jubayer ya gyara tsayuwa. "Ban taɓa nufin aurenta ba, Allah shaida ne. Amma in har abin da muka yi ya zama aure a wajen Allah, to na saki Mahfuza."

"Mun shaida," in ji Malam. "Kuma babu idda a kanta, tunda ba a tare ba."

Kowa ya sauke ajiyar zuciya, ban da Mahfuza. Abin da ta kwana biyar tana roƙo ke nan, amma da kalmar ta sauka a kanta sai ta ji kamar an watsa mata ruwan zafi. Ta durƙushe tana kuka mai cin rai.

"Anti, an sake ni ban yi aure ba! Gaban mutane, gaban wayoyi! Gobe duk Kano za a ce Halliru sakakkiya ya kwaso a Dubai."

Direba ya leƙo ya ce mota ta iso. Alhaji ya miƙe, amma maimakon ya nufi jakarsa sai ya tako har inda Mahfuza take.

"Tashi, 'yata."

Ta ɗago a razane. Bai taɓa kiran ta haka ba.

"Za su faɗa, ba zan yi miki ƙarya ba, bakin mutanenmu ba ya azumi. Wannan shi ne kuɗin ɓoye-ɓoyen da kika yi wa yaron nan, sai ki haƙura ki biya. Amma duk wanda ya faɗa a gabana, ni zan ba shi amsa. Yarinyar da aurenta ke nutsewa ta ƙi ceton kanta da asirin baƙo, ita nake so ta riƙe asirin gidana." Ya juya. "Halliru, kira uwarka ka ce a ci gaba da shiri, rana tana nan yadda aka sa. Kai kuma Salmanu, in ka sake bin wani gadi, ka bar hularka a gida."

A'i ta rangaɗa guɗa har masu turin kaya suka firgita. Halliru ya juya baya yana goge ido da hannun riga, wai gumi ne.

Jubayer ya rasa aikinsa da Mista Kamrul a ranar, aka kuma yi wata guda ana jan sunansa a mujallu, amma ranar da Shirin ta haihu yana tsaye a ƙofar ɗakin, ba tare da ya ɓuya wa kowa ba. Mahfuza ta sha surutu a Kano kamar yadda ta zata, har wata gwaggon Halliru ta ƙi zuwa kamu. Ta shanye, aka ɗaura aure ranar da aka sa.

'Yan'uwana matasa, aure ba abin wasa ba ne ko da a gaban kyamara, kuma abin da kika ɓoye wa mai son ki yau, a bakin wani zai ji shi gobe, ya fi ciwo. Mahfuza ta yi kuskure ta kuma ɗanɗana kuɗarsa. Abin da ya cece ta shi ne, a ranar da cin amana zai fi mata sauƙi, ta haƙura ta riƙe.